Shuka Tukuna, Sannan Rubutu: Jagorar Haɗa Littafin Iri da Tsiro

Malaman firamare da matasan marubuta sukan kawo mini rubutunsu in duba, kuma a 'yan shekarun nan da yawansu littafin yara ne a kan iri da tsiro. Abin a yaba ne, don irin waɗannan littattafai sun yi mana ƙaranci da Hausa. Sai dai kusan duk wanda na buɗe, ciwo ɗaya nake tararwa: daga wani littafin aka ɗauko shi, ba daga gona ba. Sai ka ga tuffa tana faɗowa daga bishiya, ka ga iri yana barci a ƙarƙashin ƙanƙara yana jiran ɗumi, ka ga an raba shekara yadda Turawa suka raba tasu. Littattafan da ake kwaikwayo ba su da laifi. The Carrot Seed na Ruth Krauss, wanda ya fito a 1945, da The Tiny Seed na Eric Carle na 1970, don yaran Amurka aka yi su, kuma sun dace da ƙasarsu. Irin da ke kwance a ƙasarmu ba wucewar sanyi yake jira ba, ruwa yake jira. Yaron Gumel ko na Tasawa ya san haka tun bai shiga aji ɗaya ba. In littafi ya zo masa da akasin abin da idonsa ya gani, ɗayan biyu za a yi: ko ya raina littafin, ko ya raina gonar ubansa.

Kayan da za ka tanada

– Iri hannu guda-guda: wake, gero ko dawa, da gyaɗa.
– Gorunan roba masu haske irin na ruwan sha, a yanke musu wuya, da gwangwanaye da aka huda wa gindi. Gyaɗa kuwa sai baho ko tsohon bokiti.
– Ƙasar jigawa gauraye da ruɓaɓɓen taki, da tsumma mai tsabta ko auduga.
– Littafin rubutu, fensir, rula, da waya mai kyamara.
– Farar takarda A4 da abin maƙala ta.
– Manomi dattijo ko tsohuwa mai shuke-shuken bayan ɗaki, da yara kaɗan masu shekarun waɗanda kake rubuta wa. Waɗannan biyun su ne mafi wuyar samu, su ne kuma aka fi tsallakewa.

Ga gargaɗi tun ba a je ko'ina ba. Irin da ake sayarwa a leda a shagunan kayan noma sau da yawa an gauraya shi da magani, shi ya sa za ka gan shi ja ko ruwan hoda ko kore. Guba ce. Kada ya shiga hannun yaro, kada kuma ya shiga tukunya. Nemi iri daga rumbun wanda ka sani, ka tambaye shi ko ya sa maganin ajiya. Yara 'yan ƙasa da shekara huɗu kuma a nisanta su da wake da gyaɗa: suna cusa su a hanci ko kunne, wake kuwa in ya sami laima kumbura yake yi, sai an je asibiti.

1. Tsiro ɗaya, mai karatu ɗaya

Sabon marubuci yana so ya zuba duk abin da ya sani: hatsi, itatuwa, furanni, kwararowar hamada, duk a shafi 16. Abin da ake samu shi ne jerin sunaye, wanda yaro zai haddace ya manta. Ɗauki tsiro ɗaya ka bi shi daga binnewa har ya ba da irin da za a sake binnewa. In wannan ne littafinka na fari, ɗauki wake. Ƙwayarsa babba ce, yaro zai iya ɓare ta ya ga cikinta, yana tsirowa cikin kwana uku zuwa biyar in akwai ɗumi, kuma ɗan wuri yakan nuna cikin wata biyu da 'yan kwanaki. Ka lura da wannan na ƙarshen. Waken gargajiya mai yaɗo yakan ƙi yin huda sai damina ta ja baya, rana ta fara gajarta, don haka in ka shuka shi da ruwan fari za ka daɗe kana kallon ganye. Tambayi manomi ɗan wuri, ko ɗaya daga cikin irin SAMPEA na Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Samaru wanda ke nuna da wuri.

Sannan ka tsayar da mai karatunka. Ɗan aji biyu da ɗan aji shida ba littafi ɗaya suke bukata ba.

2. Shuka, ka zauna kusa

Nan ne aikin yake, nan ne kuma ake yin ha'inci. Kada ka rubuta ko jimla ɗaya ta littafin sai ka ga abin da idonka.

Naɗe tsumma ka sa a cikin gora, ka cusa ƙwayar wake huɗu tsakanin tsumman da bangon gorar, kowacce da inda ta fuskanta: wata idonta sama, wata ƙasa, wata a karkace. Jiƙa tsumman, amma kada ruwa ya sha kan waken. Iri yana numfashi, in ya nutse ruɓewa zai yi, ɗoyin ma zai sanar da kai. Ka binne wasu a gwangwani, zurfin gaɓar yatsa ɗaya ko biyu. Kowace safiya a lokaci guda ka duba, ka auna da rula, ka zana da fensir ko da ba ka iya zane ba, ka ɗauki hoto daga wuri ɗaya, ka sa kwanan wata. Dalilin zanen shi ne yana tilasta ido ya tsaya. Hoto kana iya ɗauka ba ka kalla ba.

Ga abin da za ka gani, wanda yawancin rubuce-rubucen da ake kawo mini babu shi. Waken zai fara yamutsewa, sannan ya kumbura ya yi sumul. Fatar ta tsage kusa da idon, farar saiwa ta leƙo. Saiwa ce ke fara fita, ba ganye ba, kuma duk yadda ka kwantar da ƙwayar, sai ta lanƙwaso ta nufi ƙasa. Bayan ta kama, kara ya taso a sunkuye, da ƙeyarsa yake fasa ƙasa, yana jawo ɓarin waken nan biyu a bayansa har su fito sarari. Ɓarin biyun guzurinsa ne: daga su yake ci kafin ganye ya fara aiki, shi ya sa kullum suke ƙara tsotsewa har su faɗi. Ganyen farko biyu ne, suna fuskantar juna, kowanne falle ɗaya. Sai daga na gaba ne ake samun mai falle uku da kowa ya san wake da shi. Mai zanen da ya sa wa jaririn wake ganye mai falle uku bai taɓa tsugunawa ya duba ba.

Shuka gero a gefe don kwatance. Shi ƙwayarsa ba ta fitowa, a ƙasa take zama, tsinke ɗaya ne kawai ke hudowa ya warware ya zama ganye. Gyaɗa kuwa ita ce mai abin mamaki. Wajen wata guda da shuka za ta yi fure rawaya a sarari, ya buɗe da safe ya yanƙwane a yinin. Bayan 'yan kwanaki wani tsinke ya fito daga inda furen yake, ya sunkuya ya shige ƙasa, a can cikin duhu bakinsa zai kumbura ya zama kwanso. Ke nan gyaɗa ba a saiwa take 'ya'ya ba, ko da yake a ƙasa ake tono ta. Manya da yawa da suka shekara suna cin ƙuli-ƙuli ba su san wannan ba.

Bayan sati uku ko huɗu, tumɓuke waken gwangwani ɗaya a hankali ka wanke saiwar. Za ka iya ganin 'yan ƙulli-ƙulli a jikinta. Ba cuta ba ce. Wasu ƙananan halittu ne ke zaune a ciki, suna kamo sinadarin naitirojin daga iska suna ba waken, kuma wannan na cikin dalilan da gonar da aka yi wake a cikinta ke yi wa hatsi kyau. In kana wannan aiki da hunturu, kada ka ɗauki ƙidayar kwanakinka ka sa a littafi a matsayin ta damina, don sanyi yana jinkirta tsirowa.

3. Tace bayaninka

Akwai kurakurai uku da ke yawo daga littafi zuwa littafi, kowa yana gadar na gabansa.

Na farko, wai iri yana bukatar hasken rana kafin ya tsiro. Wake da gero laima da iska da ɗumi suke nema. A ƙarƙashin ƙasa ina rana? Sa gwangwani ɗaya a cikin akwati mai duhu ka gani: zai tsiro, har ma ya fi na waje tsawo, amma siriri, rawaya, ba ƙwari. Bayan tsirowa ne haske ya zama dole. Na biyu, wai tsiro ƙasa yake ci. Abincinsa a ganye yake haɗa shi, da haske da ruwa da iska. Ƙasa ruwa take ba shi da sinadarai da wurin tsayawa. Na uku, wai duk abin da ake nomawa ƙwaya ake binnewa. To rogo fa, da ake sara karansa a kafa? Rake fa, da dankalin Hausa? Ko itatuwa ma, manoman jihar Maraɗi sun nuna wa duniya tun shekarun 1980 cewa gona tana iya komawa da itace ba tare da an dasa ko ɗaya ba, in dai an bar tofon tsofaffin kututture an riƙa sassabe shi.

Sunan tsiro kuma sai an tabbatar, don littafi yana tafiya inda marubucinsa bai je ba. Bishiyar da wani gari ke kira darbejiya, wani dogon yaro yake ce mata, wani maina, wani bedi. Zaɓi ɗaya don labarin, sauran ka ajiye su a shafin baya. Likitan nan J. M. Dalziel ya tattara sunayen tsirrai na Hausa a littafinsa na 1916, ƙamus ɗin Bargery na 1934 yana cike da kalmomin noma, Roger Blench ma yana da dogon jeri da ake samu a intanet. Duba su, amma kada ka tsaya a kansu. Ɗauki reshen ka kai wa mai kiwo ko mai maganin gargajiya ya faɗa maka da bakinsa.

4. Nemo labarin

Jerin matakai ba labari ba ne. Abin da ke riƙe yaro shi ne wani yana son wani abu, wani abu kuma ya tare masa hanya. A littafin shuka ba sai ka ƙirƙiro dodo ba, akwai su birjik: ruwa ya ɗauke bayan an yi shuka, akuyar maƙwabta ta tsinke, kaza ta tone, ƙanin yarinya ya riƙa tono waken kullum don ya ga ko ya fara. Jira kansa labari ne in an iya faɗarsa:

"Ladi ta binne wake uku. Da safe ta zo, ba komai. Da yamma ta zo, ba komai. Kaka ta ce, 'Ke dai zuba ruwa, ki bar masa sauran.'"

Kwatanta wannan da "Iri shi ne ɓangaren tsiro da ke ɗauke da sabon tsiro." Dukansu gaskiya ne, amma ɗaya ne kawai yaro zai ce a sake karanta masa.

In tafiyar iri kake son bayarwa, dajinmu ya wadatar. Tumfafiya tana fashewa iska ta kwashi 'ya'yanta da farin gashinsu. Ƙarangiya a wandon mutum da jelar tunkiya take hawa. Gawo dabbobi yake ba kwansonsa su ci, su kai ƙwayar wani wuri su ajiye ta tare da takinta. Ga ƙuduji, wanda wasu ke kira wuta-wuta: irinsa gari ne lis, yana iya shekaru a ƙasa bai motsa ba, sai ya ji saiwar dawa ko gero a kusa sannan ya tsiro ya maƙale mata. Mugun cikin labarin ya samu ke nan, ba tare da an yi ƙarya ko ɗaya ba. Manyan yara kuwa ana iya ba su tarihin mutane, irin su Wangari Maathai ta Kenya da ta kafa ƙungiyar dashen itatuwa a 1977 ta sami kyautar Nobel a 2004, ko Yacouba Sawadogo na Burkina Faso da ya farfaɗo da fako da ramukan shuka masu taki, dabarar da ake kira tassa a Nijar.

Wake yana iya magana a labari, ba laifi, ai gizo ma yana yi. Amma duk abin da jikinsa zai yi, ya zama abin da wake ke yi. Kuma ka bar wa'azi. Shafin ƙarshe mai cewa "don haka yara mu riƙa haƙuri" yana kashe duk abin da shafukan baya suka gina, don yaron ya riga ya gane.

5. Raba shafuka

Ninka takarda A4 huɗu biyu, ka sa su cikin juna: shafi 16 ke nan. Duk littafin da za a maƙala a tsakiya sai yawan shafinsa ya rabu huɗu-huɗu, wato 16, 20, 24 ko 32. Rubuta jimlolinka da fensir a inda za su zauna, ka yi zanen kara-zube. Ga 'yan aji ɗaya da biyu, jimla ɗaya ko biyu a shafi ta isa. Abin mamaki ka ɓoye shi a bayan shafi, yadda sai an juya za a gan shi: tambaya a dama, amsa a bayanta.

6. Zane

Kada ka ba mai zane rubutu kawai ka tafi. Ba shi littafin lurarka da hotunan, in da hali ka ba shi gwangwanin ma. Na taɓa ganin zanen da gyaɗa ke reto a reshe, na ga kuma gonar gero a tsakiyar damina da gawo kore shar a cikinta. Gawo da damina yake zubar da ganye, da rani yake tofowa, shi ya sa manomi ke barin sa a gona, ba ya tare wa hatsi rana. Kuka kuwa akasin haka take. Duk yaron karkara zai kama wannan kuskure da kallo ɗaya.

A raba shafi biyu da layin ƙasa, a riƙa nuna abin da ke sama da abin da ke ƙasa tare, don rabin labarin a ƙarƙashi yake. A sa wani abu na auna girma kusa da tsiron, kamar yatsa ko ƙafar yaro. Kayan aikin ma su zama namu, sungumi wajen shuka, fartanya wajen noma. In kuɗin launi ya gagara, zanen layi baƙi da fari ya fi hoto mai launi da aka yi wa kwafi ya dusashe, yara ma sa shafa masa launi da kansu.

In labarin ya ce yara su fita tsintar iri, dole a ware shafi a zana waɗanda ba a taɓawa: zurma, cini da zugu, zaƙami, da idon zakara, jan nan mai ɗigon baƙi da ke jan hankalin yara, wanda in an tauna yana iya kisa. Ruwan tumfafiya kuma kada ya kusanci ido.

7. Shafin manya

Littafin yara a gidajenmu ba yaro kaɗai ke riƙe shi ba. Uwa ce ko yaya ko malami zai karanta, uba kuma ya ɗauka ya jujjuya ya ga ko kuɗinsa sun tafi a banza. Ba su shafi biyu na ƙarshe, ka sa musu abin da zai amfane su. Wanda ban taɓa ganin an raina ba shi ne gwajin iri kafin damina: a ƙirga ƙwaya 100 daga cikin irin da aka ajiye, ba tare da zaɓe ba, a jera a jiƙaƙƙen buhun algarara, a naɗe, a ajiye a inuwa ana yayyafa ruwa, bayan mako guda a ƙirga waɗanda suka tsiro. In sun gaza 80, a ƙara yawan irin da ake zubawa a rami. In sun yi ƙasa sosai, a nemi wani tun da sauran lokaci. Yaro ya yi ƙidayar, ya koyi lissafi, gida kuma ya tsira daga shuka biyu.

Nan ne kuma wurin 'yan dabaru, kamar jiƙa ƙwallon kuka a ruwan zafi ko goga shi a dutse don ɓawonsa mai tauri ne, da shuka 'ya'yan darbejiya da ɗanyensu don ba sa jure ajiya. Abin da ya shafi yawan taki ko maganin feshi kada ka rubuta da ka. Ka tura mutane wurin malamin gona, ko ƙasidun hukumar NAERLS ta Zariya, ko INRAN ga mutanen Nijar. Inda iyaye suka fi sabawa da ajami, yi wannan shafin da rubutu biyu.

8. Gwaji

Fara da dattijon. Ka je da ɗan littafin fensirin, ka gaishe shi, ka ce, "Baba, ga abin da na ce zan kawo, a duba mini." Ka karanta masa, ka nuna zanen, ka yi shiru. Ba zai ce ka yi kuskure ba, kunya ba za ta bar shi ba. Zai dai yi murmushi ya ce, "Malam, wannan yarinya a marka take shukar gero? Ai ta makara." Irin wannan tambayar ka je nema.

Sannan yaran. Kada kai ka karanta, ba wani ya karanta, ko su da kansu, kai ka koma gefe da fensir. Inda suka yi tuntuɓe, jimlar ce ta yi nauyi. Inda suka fara tsokanar juna, shafin ne ya mutu. Kada ka tambaye su ko ya yi daɗi, za su ce e. Ka ce su ba ka labarin daga farko, ka ji abin da ya zauna. Daga nan a ba kowa wake da gwangwani ya bi littafin. In ranar da littafi ya ce za a ga saiwa ba a gan ta ba, littafin za a gyara.

9. Bugu

Duba haruffa masu lanƙwasa kafin komai. Wasu wuraren bugu in rubutunsu ba shi da ƙ da ɗ da ɓ sai su mai da su k da d da b, ko su fito da ɗan akwati a gurbinsu, mai koyon karatu kuwa ba zai iya cike giɓin da ka ba. Rubutun Andika na ƙungiyar SIL kyauta ne, don masu koyon karatu aka tsara shi, yana da su duka. Manhajarsu ta Bloom ma tana sauƙaƙa jera shafi. In littafin zai tsallaka iyaka, ka tuna a Nijar ƴ ake rubutawa inda Najeriya ke sa 'y. Nemi a buga maka kwafi ɗaya ka duba kafin a saki inji. Lambar ISBN a Najeriya daga Ɗakin Karatu na Ƙasa ake karɓa. Wanda ba shi da kuɗin bugu yana iya ɗora littafinsa a African Storybook ko StoryWeaver, inda ake da littattafan Hausa da malamai ke saukewa kyauta, amma ya karanta sharuɗɗan tukuna, don yana ba kowa izinin kwafa da fassarawa ne.

Ka auna lokaci yadda littafin zai isa makarantu da bazara, a Afrilu ko Mayu, don yara su karanta su shuka da ruwan fari. In za ka liƙa 'yar ambulan ta wake a bangon baya, ka sa na kakar da ta wuce, marar magani, wanda ka yi wa gwajin buhu, ka rubuta watan da aka girbe shi a jiki. Kwafin da suka kwana har shekara ta zagayo, a cire musu tsohon waken a sa sabo kafin a sayar, don ƙwari sun riga sun huda shi.